Ina kasuwar ɗanyen nama ta dosa a Kebbi da Zamfara?

Mai Neman Shawara, Birnin Kebbi

Assalamu alaikum wa rahmatullah. Ina miƙa gaisuwa ga iyayenmu da yayyenmu na wannan zaure, musamman waɗanda suka san harkar dabbobi tun daga kara har zuwa teburin mahauci. Ina da niyyar buɗe shagon sayar da ɗanyen nama a nan Birnin Kebbi, irin wanda ake aunawa da sikeli, a ware tsoka daban, haƙarƙari daban, kayan ciki daban, kowanne da farashinsa, a kuma ajiye a firiza domin ma'aikata da masu gidajen abinci su samu a duk lokacin da suka buƙata. Ni ba ɗan gidan fawa ba ne, kuma jarin da zan zuba gumin shekaru ne, shi ya sa nake son jin ta bakin masu sana'ar kafin in kama hayar shago.

Abin da ya fi ɗaure mini kai shi ne, a shekarar 2025 duk mun ga yadda masara da dawa da shinkafa suka sauko har manoma suka riƙa kokawa, amma nama ya tsaya inda ya hau, kashin naman da mahauci ke kasawa ma sai ƙara ƙanƙancewa yake. Shin akwai alamar zai sauko nan da shekara ɗaya ko biyu, ko kuwa in gina lissafina a kan cewa tsadar ta zauna? Sannan tsakanin sa da rago da akuya da raƙumi, wanne ne zai fi riƙe shago irin wannan? Kuma mutanenmu za su yarda su sayi naman da ya kwana a firiza?

Akwai wata magana kuma da wani abokina mazaunin Ibadan ya faɗa mini, wai a can tsadar naman shanu ta sa mutane da yawa sun koma ga kaza da kifi, waɗanda addininsu bai hana su ba kuma sun koma ga naman alade. Idan haka ne, shin hakan zai rage yawan shanun da ake kwasa daga kasuwanninmu zuwa Kudu, har mu ma mu samu sauƙi a nan gida? Allah Ya saka wa duk wanda ya ba da lokacinsa da alheri.

Dillalin Kara, Kamba

Wa alaikumus salam. Malam, tambayarka ta farko ita ce uwar sauran, kuma amsarta ita ce hatsi da dabba ba tafiyarsu ɗaya ba. Idan masara ta yi tsada bana, manomi zai faɗaɗa gona baɗi, cikin wata huɗu ta cika kasuwa, balle ga shi a 2024 gwamnatin tarayya ta ɗage harajin shigo da wasu nau'o'in hatsi na ɗan lokaci. Saniya kuwa wata tara take ɗauke da ciki, karsanar gida ba ta cika yin haihuwar fari kafin ta kai shekara uku da rabi ko huɗu ba, kuma maraƙin da ta haifa sai ya ƙara wasu shekaru uku ko huɗu kafin ya zama san da mahauci zai tsaya ya taya. Saboda haka garken da ɓarayin daji suka kora a Dansadau ko Zurmi ko Shinkafi, ko wanda mai shi ya gaji ya tsallaka da shi wata ƙasa, ba ya dawowa kasuwa don an yi damina ɗaya mai albarka. Mu da muke tsaye a kara mun san cewa ƙauyuka da yawa da a da kowane gida ke da shanun huɗa yanzu babu ko turke, kuma a nan Kebbi ma tun da 'yan bindigar Lakurawa suka ɓulla, har suka kai mummunan hari a Mera ta ƙaramar hukumar Augie a watan Nuwamban 2024, masu dabbobi a yankin iyaka ba su sake sakin jiki ba.

Abu na biyu shi ne iyaka. Kaso mai yawa na shanu da tumaki da raƙuman da ake yankawa a yankinmu daga Nijar suke shigowa, ta nan Kamba da Bachaka da Dole Kaina, ko ta Illela a jihar Sakkwato, kuma mai dabba a can da sefa yake lissafi. Kuɗin sefa a ɗaure yake da yuro, ita kuwa naira tun da aka sake ta a watan Yunin 2023 ta tashi daga wajen 460 a kan dala ɗaya ta haura 1,500 a farkon 2024, wato san da farashinsa bai motsa ba a Gaya ko Dosso ya ninka a hannun mai naira ba tare da ya ƙara ko kilo ɗaya ba. A kan wannan aka ɗora rufe iyaka bayan juyin mulkin 26 ga Yulin 2023, wanda Najeriya ba ta ɗage ba sai a watan Maris na 2024, sannan a watan Mayun 2025, ana dab da Layya, hukumomin Nijar suka hana fitar da dabbobi domin su tsare farashi a gidansu. Dabba ba ta daina tsallakowa gaba ɗaya, kowa ya san haka, amma duk wadda ta biyo ɓarauniyar hanya tana zuwa da kuɗin hanyar a wuyanta.

Abu na uku shi ne, farashin sa mai kyau ba a nan ake yanke shi ba. Fatake masu lodin tirela, waɗanda ke bin Jega da Koko da Yawuri da Kontagora da Mokwa su sauke a Ibadan ko a mayankar Oko-Oba ta Agege a Legas, su ne ke fara zaɓe a kara, kuma abin da za su iya biya shi ne ma'aunin kasuwar ranar. Mahaucin gari yana jiran abin da suka bari ne. Mutane suna yawan ɗora komai a kan cire tallafin fetur na 29 ga Mayun 2023, kuma gaskiya ya taɓa ƙananan motoci da baburan da ke ɗauko awaki daga ƙauye, amma tirela gas take sha, shi kuwa tun 2022 ya yi tsada. Na tuna a 2016 an gwada ɗaukar shanu a jirgin ƙasa daga Gusau zuwa Legas, aka yi ta murna, abin bai ɗore ba.

Akwai wani abu da ban cika jin ana ambata ba, alhali zai yi tasiri a shekarun da kake tambaya a kai. Layya tana matsowa baya da kwana goma ko sha ɗaya kowace shekara: ta 2025 ta faɗo ranar 6 ga Yuni, ta 2026 kuma a ƙarshen Mayu, masu biyo baya kuma za su riƙa shiga tsakiyar bazara. Ma'anar wannan ita ce duk ragon layya da san watanda za a turke su ne a lokacin da babu ɗanyar ciyawa ko ɗaya, sai harawa da kowar wake da dusa da angurya na saye, a daidai lokacin da suka fi tsada, kuma makiyaya sun yi Kudu da garkunansu. Sauƙin da muke da shi a Kebbi shi ne dusar shinkafa daga masana'antun Argungu da Birnin Kebbi da kuma tattakar shinkafar rani a fadama, amma wannan ba ta isa ta ƙosar da dabba ita kaɗai.

A ganina, ka yi lissafinka a kan cewa naman shanu ba zai koma inda ya fito ba. Za ka ga sassauci na 'yan makonni a farkon damina, lokacin da manoma ke fitar da dabbobi don sayen taki, da kuma a kaka, lokacin da dabba ta ƙoshi, amma wannan numfashi ne kawai kasuwa ke yi. Awaki da tumaki su ne za su fi saurin farfaɗowa idan an samu zaman lafiya, domin cikinsu wata biyar ne, kuma jar akuyar Sakkwato ba ta rasa tagwaye.

Tsohon Mahauci, Gusau

Salamu alaikum. Jikana ne ke rubuta mini, ni nake faɗa. Abin da Alhaji na Kamba ya faɗa a kan kara haka yake, kuma mu a Zamfara mun ɗanɗana fiye da haka a watan Satumban 2021, lokacin da gwamnatin Matawalle ta rufe kasuwannin mako, aka hana safarar dabbobi, aka kuma katse layukan waya, har Talatar Mafara da Shinkafi da Kasuwar Daji suka yi tsit. To amma ɗana, ni ba tsadar sa ce ke ba ni tsoro a shirinka ba, tsarin yankan da ka zayyana shi ne.

Bari in yi maka lissafin da kowane yaron mahauci ya sani ko da bai taɓa riƙe biro ba. A ce ka sayi sa mai nauyin kilo 300 a tsaye. Bayan an yanka, an feɗe, an cire kai da ƙafafu da ƙirgi da kayan ciki, abin da zai hau ƙugiya bai wuce rabin wannan nauyi ba, idan kuma dabbar rani ce ramammiya ba zai kai ba. A cikin wannan rabin ma akwai ƙashi da kitse da jijiya masu yawa. Sau tari kuɗin naman gaba ɗaya da ƙyar yake mayar da kuɗin san, ribar tana cikin kai da ƙafa da bindi da hanta da ƙoda da tumbi da hanji, da kuma ƙirgi, wanda yanzu masu ganda suka fi majema son sa. Wanda bai iya sayar da waɗannan cikin sa'o'i kaɗan ba, ya yi wa wani fawa ne.

Ka taɓa tambayar kanka dalilin da ya sa muke kasa nama kashi-kashi? A kowane kashi muna sa tsoka kaɗan, ƙashi kaɗan, kitse kaɗan, ɗan huhu ko tumbi a kai, domin dabbar ta tafi gaba ɗaya, kowa ya ɗauki rabonsa na mai kyau da marar kyau. Ranar da ka ware tsokar cinya da ta gadon baya ka jera su daban, kafin azahar za su ƙare, ka zauna da wuya da haƙarƙari da ƙashi suna kallon ka. Idan kana son tsarin ya yi aiki, dole tsoka zalla ta yi tsadar da za ta ɗauki nauyin sauran, kuma dole ka san tun da safe wace mai tuwo ce za ta kwashe ƙashin miya, wane mai farfesu ne zai ɗauki kai da ƙafa. Sannan ka sani cewa ba kai kaɗai ke neman cinya ba. Masu kilishi da masu tsire suna kwata tun asuba, sun fi ka sanin nama, kuma suna da tsohuwar hulɗa da rundawa, wadda ake ɗauka a biya da yamma. Tozo kuwa masu balangu ba sa bari ya kai hantsi.

Sana'ar nan a kan bashi da amana take tafiya. Mahauci yana karɓar dabba a hannun dillali ya biya bayan ya sayar, wani lokaci sai kasuwa ta zagayo, kuma baƙon da ba a san asalinsa ba ba ya samun wannan. Shawarata ita ce kada ka fara da sayen dabba a tsaye. Ka je ka gaida Sarkin Fawa, ka gabatar da kanka, a haɗa ka da mahauci mai gaskiya wanda zai riƙa ware maka cinya ɗaya ko karfata ɗaya kullum, ka koyi hannun masu sayenka a kai tukuna. Ribar za ta yi ƙaranci, amma asarar kwantai ba za ta karya ka ba.

Game da irin dabba, naman sa shi ne kasuwar kullum. Rago na masu hali ne da masu suna, kuma shi ya fi kowanne tsada. Akuya tana tafiya, sai dai har yanzu akwai masu gudun ta suna cewa tana tayar da tsohon ciwo. Raƙumi yana da nama mai yawa, kitsensa a tozo yake taruwa, kuma ya fi sa sauƙi, shi ya sa yankansa ya ƙaru, amma idan za ka sayar da shi ka faɗa wa mai saye cewa raƙumi ne, domin ranar da aka gano ka sayar da shi da sunan sa, shagon ya mutu. Batun firiza kuwa, ni dai a sanina mutumin ƙasar nan yana son ya ga naman da aka yanka yau, jininsa bai bushe ba, kuma da ya ga nama ya daskare sai zuciyarsa ta raya masa kwantai ne ko ma mushe.

Malamin Dabbobi, Zuru

Ina gaida Baba da Alhaji, Allah Ya ƙara girma. Zan taɓa abu biyu, sanyi da lafiyar nama, sannan in amsa tambayar ƙarshe, tunda a yankin da nake aiki ana kiwon aladu.

A watan Maris da Afrilu zafin Birnin Kebbi yana haura digiri 40, kuma a irin wannan yanayi ɗanyen nama yana fara lalacewa cikin sa'o'i kaɗan, kayan ciki ma sun fi saurin juyawa. Naman da aka riƙe tsakanin digiri 0 da 4 yana yin 'yan kwanaki da kyaunsa ba tare da ya daskare ba, wanda za a ajiye na watanni kuwa sai an kai shi digiri 18 ƙasa da sifili. Abin da ke ɓata nama a shagunanmu shi ne ya daskare da dare, a ɗauke wuta ya narke da rana, a sake daskarar da shi, har ya yi baƙi ya riƙa zubar da ruwa. Don haka Malam, kafin kuɗin haya ka fara lissafa kuɗin sola da batura, kuma ka fi ba da ƙarfi ga firjin da ke sanyayawa kawai, ka riƙa ɗaukar abin da zai ƙare cikin kwana biyu. Wannan zai rage matsalar da Baba ya ambata, domin naman da aka sanyaya bai daskare ba yana riƙe kamanninsa.

Kada kuma ka karɓi naman da ba a duba shi a kwata ba, komai arharsa. A fadamun gulbin Rima da na Kwara tsutsar hanta ta yi yawa, ana kuma samun tarin fuka a huhun shanu, kuma an tabbatar da ɓullar cutar saifa a wata gona kusa da Suleja a watan Yulin 2023, aka sake tabbatar da ita a Zamfara a farkon 2025. Wannan cuta tana kama mutum ta hanyar feɗe dabbar da ta faɗi farat ɗaya ko cin namanta. Wani abin takaici da ke da alaƙa da bayanin Alhaji shi ne yawan shanu masu ciki da ake yankawa, musamman a ƙarshen rani, wanda ke nufin muna cinye garken gobe tun yana ciki.

Yanzu batun alade. Na san haramun ne ga Musulmi, kuma ba ya shiga kasuwannin garuruwanmu, don haka ina magana ne a kan yadda yake taɓa farashin shanu kawai. A ƙasar Zuru, wato ƙananan hukumomin Zuru da Fakai da Sakaba da Danko-Wasagu, akwai gidajen Kirista da masu bin al'adar gargajiya da ke kiwonsa, yawanci 'yan kaɗan a bayan gida, mata ne kuma suka fi riƙe shi a matsayin asusun kuɗin makaranta. Yankansa da sayar da shi a keɓe ake yi, ba ya haɗuwa da mayankar gari ko wuƙaƙenta, kuma kasuwarsa tana tashi ne a watan Disamba da lokacin Ista da bukukuwan bayan girbi. Babbar kasuwarsa a Arewa tana yankin Kafanchan a kudancin Kaduna, inda ake lodi zuwa Kudu.

Abin da ya sa abokinka ya ga yana yaɗuwa a can shi ne saurin haihuwarsa. Cikinsa kwana 114 ne, yana iya haihuwar takwas zuwa goma a lokaci ɗaya, sau biyu a shekara, ɗan kuma yana isa yanka cikin wata shida zuwa takwas idan yana samun abinci, sannan abin da ke hawa ƙugiya yana kai kashi 70 cikin ɗari na nauyinsa, ba rabi ba kamar sa. Abincinsa dusa ne da masara da waken suya, saboda haka saukar hatsi tana saukar da kuɗin kiwonsa nan take, kamar yadda take yi wa kajin gidan gona masu isa yanka a mako shida zuwa takwas. Amma yana da babban rauni, wato zazzaɓin aladu na Afirka, wanda ba ya kama mutum, ba shi da magani, kuma yana iya share garke cikin kwanaki. Ya shigo Najeriya da ƙarfi a 1997, kuma a 2020 ya yi mummunar ɓarna a rukunin gonakin Oke-Aro da ke kan iyakar Legas da Ogun. Duk lokacin da ya ɓulla, masu kiwo suna rige-rigen sayarwa, farashi ya faɗi warwas, bayan 'yan watanni kuma a nemi naman a rasa.

A fahimtata, kaza da kifi da alade suna yi wa naman shanu shinge ne a Kudu, wato suna hana shi wuce wani matsayi, domin idan ya wuce mai saye yana da wurin komawa. Amma ba na jin za su rage lodin tirela har mu gani a teburin Birnin Kebbi, saboda yawan jama'ar Legas da Ibadan ƙaruwa yake, Musulmi suna da yawa ƙwarai a cikinsu, kuma a ƙasar Yarabawa biki ba ya cika sai an kayar da sa. Abin da zai iya sauya lissafin nan gaba shi ne manyan mayanku na zamani. An kafa Ma'aikatar Bunƙasa Kiwon Dabbobi ta tarayya a 2024, kuma a watan Nuwamban shekarar gwamnati ta sa hannu a kan yarjejeniya da kamfanin JBS na ƙasar Birazil ta dala biliyan 2.5 don gina masana'antu shida, uku na kaji, biyu na shanu, ɗaya na alade. Yarjejeniya daban, gini daban, amma idan har aka fara yanka a Arewa ana tura nama a motocin sanyi, manyan kamfanoni za su riƙa kwashe tsoka mai kyau, kai da ƙafa da kayan ciki kuma su yawaita a kasuwannin kusa.

Hajiya Mai Abinci, Birnin Kebbi

Baba, a gafarce ni, a kan firiza ban bi bayanka gaba ɗaya ba. Maganarka gaskiya ce ga magidancin da ke biyawa kasuwa da hantsi ya yi cefane, amma garin nan ya cika da ma'aikata da malamai da ɗaliban jami'ar tarayya da na kwalejin Waziri Umaru, da matan da ke fita aiki tun safe, waɗanda ba su da lokacin tsayawa ciniki a gaban tebur ƙudaje na bin su. Waɗannan sun riga sun saba da kifin kwali da kaza mai sanyi, ba kuma su taɓa cewa mushe ba ne. Abin da suke tsoro shi ne rashin sanin wanda ya yanka, don haka ƙanena, idan mutane suka san daga kwatar gari kake ɗaukowa, kuma suka san mahaucinka, rabin shakkar ta tafi.

Mu masu abinci abin da ya fi damun mu shi ne rashin tabbas. Kashin da na saya jiya ba shi ne na yau ba, alhali ni ba zan iya sauya kuɗin faranti kullum ba, kuma tuni masu cin abinci da yawa suka koma cewa a sa musu awara ko ƙwai ko ganda ko kifi maimakon nama, wasu kuma su ce a zuba miya kawai. Idan za ka ba ni kilo cikakke a farashin da zai tsaya mako guda, a yanka mini shi gunduwa-gunduwa daidai da juna yadda zan san yawan farantin da zai fitar, zan saya a wurinka ko da ka ɗan fi kasuwa tsada. Ƙashin da Baba ke jiye maka kuwa mu ne masu sayensa, domin miyar kuka da ta kuɓewa ba sa daɗi sai da shi. Sai dai ka shirya wa masu neman bashi, ka kuma tanadi na'urar POS, domin tun ƙarancin takardun kuɗi na farkon 2023 mutane suka saba da tura kuɗi ta waya. Ka kuma yi ƙananan ƙulli na rubu'in kilo, don masu sayen kilo biyu a lokaci ɗaya sun ragu sosai.

Mai Neman Shawara, Birnin Kebbi

Na gode ƙwarai, Allah Ya saka da alheri, Ya ƙara wa Baba lafiya. Na karɓi shawarar farawa da cinya da karfata daga kwata, da kuma fifita sanyayawa a kan daskararwa. Saura abu ɗaya: wane lokaci ne na shekara ya fi dacewa a buɗe, kuma yaya zan iya tsayar wa irin su Hajiya farashi na mako guda alhali kara tana motsi kowace ranar kasuwa?

Tsohon Mahauci, Gusau

Hajiya ta fi ni sanin mutanen garinta, na sallama mata a kan ma'aikata, amma a unguwannin cikin gari ina nan a kan bakana. Kada ka buɗe a bayan Babbar Sallah, domin makonni biyu zuwa uku kowane gida yana da soyayyen naman layya, mu kanmu hutu muke yi. Kada kuma ka buɗe a bazara, lokacin da dabba ta rame, zafi ya yi yawa, wuta ta yi ƙaranci. Ka bari sai kaka ta shiga, daga Oktoba zuwa Disamba: dabba ta ƙoshi, manomi ya sayar da amfani yana da kuɗi, bukukuwan aure sun yawaita, sanyin hunturu kuma zai taya ka riƙe nama yayin da kake koyon aikin. Ka sani dai a wannan lokaci fatake suna lodin Kirsimeti, saboda haka manyan bijimai za su yi tsada a Disamba, sai ka sa mahaucinka ya nemi matsakaita.

Farashin mako kuwa da mahaucinka za ka ƙulla shi, ba da kara ba. Ku zauna ranar da ya dawo daga babbar kasuwar da yake saye, ku yanke kuɗin kilo na kwana bakwai, da sharaɗin za ka ɗauki adadi kaza kullum ko an yi ciniki ko ba a yi ba, kuma za ka biya shi a hannu, ba sai yamma ba. Mahaucin da ke bin masu tsire bashi zai rage maka wani abu saboda kuɗin hannu, kuma daga wannan ragin za ka samu abin da za ka tsayar wa Hajiya farashinta. Ka sa a auna a gabanka da sikelinka, bayan naman ya tsane, domin nama mai ɗumi yana rage nauyi idan ya huce.